Masu Lissafin Bam da Masu Tara Haƙoran Yara

  

Yau filin namu na tarihi zai kai mu nesa da gida, zuwa Japan da Amurka da Rasha, sannan mu biyo ta hamadar Sahara mu dawo. Magana ce a kan makaman nukiliya, waɗanda muka fi sani da makaman ƙare-dangi, da kuma littattafan da masana suka rubuta kan yadda duniya za ta zauna da su. Na san wata za ta ce, to ni da ke cikin gida, daga ɗaki sai madafi, ina ruwana da bam ɗin Turawa? Ki yi haƙuri ki biyo ni, 'yar'uwa. Kafin mu gama za ki ga cewa cikin waɗanda suka fara taka wa wannan makami birki har da matan aure irinki, kuma a kan kifin miya da madarar jarirai da haƙoran yara suka tayar da maganar.

Bari mu faro daga tushe. Ran 6 ga Agusta 1945, ana dab da gama Yaƙin Duniya na Biyu, jirgin saman Amurka ya jefa bam guda ɗaya tak a birnin Hiroshima na ƙasar Japan. Bayan kwana uku aka jefa na biyu a Nagasaki. Kafin ƙarshen wannan shekara mutum wajen 140,000 sun mutu a Hiroshima, wajen 70,000 kuma a Nagasaki. Wasu wuta ce ta cinye su nan take, wasu kuwa sun tsira ba ko ƙwarzane, amma bayan 'yan makonni gashinsu ya riƙa zubewa, dasashinsu na jini, har rai ya yi halinsa. Wannan ita ce gubar nukiliya, wadda ido ba ya ganinta, hanci ba ya jin warinta. Galibin sinadarin yuraniyam da aka haɗa waɗannan bama-bamai na farko da shi daga nan Afirka aka haƙo shi, a wata mahaƙa mai suna Shinkolobwe a ƙasar Kwango.

Da ƙura ta lafa sai masana suka shiga tambayar kansu, me za a yi da makamin da guda ɗaya ke share birni? A 1946 wani malamin jami'ar Yale a Amurka, Bernard Brodie, shi da abokan aikinsa suka fitar da littafi mai suna The Absolute Weapon, wato makamin da babu na gaba da shi. Abin da Brodie ya kawo shi ne, tun da aka fara yaƙi a duniya ana tara soja ne don a ci nasara, amma daga yanzu babban aikin soja ya koma hana yaƙin aukuwa, domin idan ɓangarorin biyu duk suna da wannan bam, babu wanda zai saura da zai yi murnar nasara. Ba a daɗe ba maganarsa ta tabbata. A 1949 Tarayyar Sobiyet, wadda Rasha ce jigonta, ta gwada nata. Ingila ta bi a 1952, Faransa a 1960, Sin a 1964.

Daga nan aka samu abin da ake kira dabarar tsoratarwa, mu kuwa a Hausance sai mu ce zaman kar-ta-san-kar. Ga misali don ki gane. Ɗauki maƙwabta biyu da ba sa ga-maciji, gidajensu duk na jinka, zana ɗaya ta raba su, ga shi ana tsakiyar hunturu. Kowannensu na tsaye a tsakar gidansa riƙe da bakin wuta. Wannan ya san in ya cinna wa jinkar wancan, kafin ta cinye shi ma an cinna wa tasa. Saboda haka kowa ya tsaya, ana kallon-kallo. Masanan suka ce wannan tsayuwa ita ce zaman lafiyar da ya rage wa duniya.

A 1960 littattafai biyu suka fito waɗanda har yau ana karanta su a makarantun soja da jami'o'i. Na farko na Herman Kahn ne, sunansa On Thermonuclear War, ƙaton littafi mai shafi fiye da 600. Kahn ya ce tsoratarwa ba za ta yi tasiri ba sai abokin gaba ya yarda cewa da gaske kake, a shirye kake ka yi yaƙin kuma ka rayu bayansa. Don haka ya zauna ya yi lissafi. Ya zana jadawali: in Amurkawa miliyan 2 suka mutu, arzikin ƙasa zai farfaɗo cikin shekara 1, in miliyan 20 ne, shekara 10, in miliyan 160 ne, shekara 100. Har abinci bai bari ba. Ya ba da shawarar cewa bayan yaƙi a kasa abinci kashi biyar gwargwadon gubar da ke cikinsa: mafi tsabta a ba yara da masu juna biyu, wanda gubarsa ta yi yawa a ba waɗanda suka manyanta, tunda a ganinsa tsufa zai riga gubar kai su kushewa, na ƙarshe kuma a ba dabbobi. Ke da kike raba tuwo kullum, ki auna a ranki yadda za ki zuba wa jikoki daga wannan tukunya, ki zuba wa kakarsu daga waccan. Mutane da yawa sun yi tir da littafin. Shi kuwa Kahn amsarsa ita ce, ƙin tunanin masifa ba ya hana ta zuwa.

Littafi na biyu na Thomas Schelling ne, masanin tattalin arziki a jami'ar Harvard, sunansa The Strategy of Conflict. Shi ya hango wani haɗari da ke cikin zaman maƙwabtan nan biyu. In ɗaya ya soma zargin cewa ɗayan na shirin shammatarsa, sai ya ce gara in riga shi. Wancan ma ya san ana wannan tunani a kansa, shi ma sai ya ce gara in riga. Ta haka gobara za ta tashi alhali babu wanda ya so ta. Saboda haka, in ji Schelling, kwanciyar hankalinka tana rataye da ta abokin gabanka, kuma ko maƙiya suna da abin da ya haɗa su, wato gudun hallaka tare. A 1961 shi da Morton Halperin suka sake fitar da wani littafi kan yadda maƙiya za su iya yin yarjejeniyar taƙaita makamai ba tare da sun zama aminai ba. A 2005 aka ba Schelling lambar yabo ta Nobel.

To, ga abin da lissafin nan ya tsallake. Don kowane ɓangare ya nuna wa ɗayan cewa wutarsa na ci, sai aka shiga gwajin bama-bamai a sarari, a hamada da tsibirai, ɗaruruwan gwaje-gwaje. Ba a yi yaƙi ba, amma toka tana tashi sama, iska na yawo da ita, ruwan sama na sauko da ita a kan mutanen da ba su ji ba ba su gani ba.

Ran 1 ga Maris 1954 Amurka ta tayar da wani bam a tsibirin Bikini cikin tekun Fasifik, ƙarfinsa ya ninka na Hiroshima wajen sau 1,000. Farar toka ta sauka a kan mazauna tsibirin Rongelap, ta kuma sauka a kan wani jirgin masunta na Japan mai mutum 23. Suka komo gida ba lafiya, bayan wata shida ɗaya daga cikinsu, mai kula da rediyon jirgin, ya rasu. Aka auna kifin da jiragen Japan ke kamowa aka tarar da guba a jikin wasu, aka riƙa binne shi. Mutanen Japan kuwa kifi ne mahaɗin abincinsu na yau da kullum. Uwargida ta rasa abin da za ta sa a tukunya hankalinta kwance, masu sayar da kifi suka rasa ciniki. A wata unguwa ta birnin Tokiyo mai suna Suginami akwai matan aure da suka saba haɗuwa suna karatun littattafai tare. Su ne suka zama ƙashin bayan wata takardar koke da aka fara a watan Mayu 1954, ta neman a hana wannan makami. Suka bi gida gida suna karɓar sa hannu. Kafin Agusta 1955 mutum fiye da miliyan 30 sun sa hannu, wato wajen kashi ɗaya cikin uku na mutanen ƙasar.

A Amurka kuma ta madara abin ya ɓullo. Cikin tokar bam akwai wani sinadari da ake kira sitironiyam 90. Illarsa ita ce ya yi kama da kalsiyam, sinadarin nan da ke gina ƙashi da haƙori, har jiki ba ya bambanta su. Ruwan sama ya sauko da shi kan ciyawa, saniya ta ci, ya shiga nononta, yaro ya sha, ya je ya zauna a ƙashinsa. Kuma yakan ɗauki wajen shekara 29 kafin rabin ƙarfinsa ya tafi. Hukumomi suna ta cewa abin bai kai a damu ba. To yaya za a gane gaskiya, tunda ba a fasa ƙashin yaro mai rai a duba?

Amsar tana bakin yaran. Kowace uwa ta san famfara, lokacin da haƙoran farko ke zubewa. A ƙarshen 1958, a birnin St. Louis, wata likita mai suna Louise Reiss ta jagoranci wani aiki tare da masana da likitocin haƙori. Aka roƙi iyaye cewa in haƙorin yaro ya faɗi kada a yar, a sa shi cikin ambulan, a rubuta shekarar da aka haife shi, da inda uwar ta zauna tana da cikinsa, da ko nonon uwa ya sha ko madarar kwalba, a aiko ta gidan waya. Yaron da ya ba da haƙorinsa sai a aika masa da 'yar lamba ya maƙala a riga. Mata masu aikin sa-kai suka zauna suna buɗe ambulan, suna rarrabe haƙora, suna cika kati. Kafin a rufe aikin a 1970 an tara haƙora fiye da 300,000. A watan Nuwamba 1961 Dakta Reiss ta buga sakamakon farko, wanda ya nuna gubar tana ƙaruwa a haƙoran yara shekara bayan shekara. Daga baya aka gano cewa yaran da aka haifa a 1963 suna ɗauke da ita ninki 50 na waɗanda aka haifa a 1950. Ki lura, 'yar'uwa, yawancin iyayen da suka kafa wannan hujja daga cikin gidajensu suka yi, da alƙalami da ambulan da kan sarki.

A wannan wata na Nuwamba 1961, kwana biyu bayan Tarayyar Sobiyet ta tayar da bam mafi girma da aka taɓa tayarwa a duniya, mata wajen 50,000 a birane 60 na Amurka suka ajiye aikin gida na yini guda don nuna ƙin amincewarsu da gwaje-gwajen. Wadda ta faro kiran, Dagmar Wilson, uwa ce mai 'ya'ya uku, sana'arta zanen hotuna a littattafan yara. Ta wayar tarho da wasiƙu suka sanar da juna, wannan ta gaya wa waccan.

Yanzu bari mu matso kusa da gida, don mu ma abin bai bar mu ba. Ran 13 ga Fabrairu 1960 Faransa ta tayar da bam ɗinta na farko a kusa da Reggane, cikin hamadar Aljeriya, lokacin ƙasar tana ƙarƙashin mulkinta. Ƙarfinsa ya ninka na Hiroshima wajen sau huɗu. Hankalin mutanen Afirka ta Yamma ya tashi, don kowa ya san ƙurar Sahara ba ta san iyakar ƙasa ba, balle ga shi lokacin hunturu ne. A Gana, Kwame Nkuruma ya sa aka riƙe kadarorin Faransa da ke ƙasarsa. Faransa ba ta fasa ba, ta yi na biyu a Afrilu, ta yi na uku ran 27 ga Disamba. Nijeriya a lokacin wata uku ke nan da samun 'yancin kai, amma ran 5 ga Janairu 1961 gwamnatin Firayim Minista Abubakar Tafawa Ɓalewa ta yanke hulɗar jakadanci da Faransa, ta ba jakadanta awa 48 ya bar ƙasar, ta kuma hana jiragen Faransa na sama da na ruwa sauka. Faransa ta yi gwaji 4 a sarari, sannan 13 a ƙarƙashin duwatsun In Ekker, har zuwa 1966. Bayan shekaru fiye da 50 aka fito da wata taswirar sirri ta sojan Faransa, jaridu suka buga ta a 2014, ta nuna cewa burbushin gwajin farko ya kai har Cadi da Mali cikin 'yan kwanaki. Ashe tsoron da iyayenmu suka ji yana da dalili.

Sai kuma ranar da zaman kar-ta-san-kar ya kusa watsewa. A watan Oktoba 1962 Amurka ta gano cewa Sobiyet ta girke makamai masu linzami a tsibirin Kyuba, wajen kilomita 150 daga gaɓarta. Ita ma dai Amurkar tana da irinsu a Turkiyya, a ƙofar gidan Sobiyet. Kwana 13 duniya ta yi zuciya a hannu. Shugaban Amurka John Kenedi bai daɗe da karanta littafin wata mata masaniyar tarihi ba, Barbara Tuchman, mai suna The Guns of August, wanda ya nuna yadda shugabannin Turai suka zame cikin Yaƙin Duniya na Ɗaya a 1914, kowa na zaton ɗayan ne zai ja da baya. Littafin ya zauna masa a rai, kuma da manyan hafsoshinsa suka matsa a kai hari, bai biye musu ba. Duk da haka saura ƙiris. Ran 27 ga Oktoba jiragen yaƙin Amurka suka rutsa wani jirgin ƙarƙashin teku na Sobiyet, kyaftin ɗinsa ya zaci an riga an fara yaƙi, ya nemi harba makamin nukiliya. Wani hafsa da ke cikin jirgin, Vasili Arkhipov, ya ƙi ba da yardarsa. Sai bayan shekaru da dama duniya ta ji wannan labari. Babu jadawalin da ya lissafa da wannan bawan Allah. Allah ne dai Ya kiyaye.

Wannan firgici, haɗe da koken iyaye da hujjar masana, shi ya kai shugabannin teburin sulhu. Lokacin rikicin, saƙon shugaban Sobiyet Kurushef ya ɗauki kusan awa 12 kafin ya isa hannun Kenedi a fassare, don haka a Yuni 1963 aka amince a kafa layin aika saƙo kai tsaye tsakanin Washinton da Masko, shawarar da Schelling na cikin waɗanda suka daɗe suna bayarwa. Ran 5 ga Agusta 1963 Amurka da Sobiyet da Ingila suka sa hannu a Masko kan yarjejeniyar hana gwaji a sararin sama da cikin ruwa. Da Kenedi ke bayyana wa mutanensa dalili, ya ambaci yara da jikoki da gubar za ta sa wa sankarar ƙashi da ta jini. Yarjejeniyar ba ta hana gwaji a ƙarƙashin ƙasa ba, kuma Faransa da Sin ba su shiga ba: Faransa ta ci gaba da gwaji a sarari har 1974, Sin har 1980. Amma daga tsakiyar shekarun 1960 gubar da ke cikin madara da ƙashin yara ta soma raguwa.

Wannan ƙofa da aka buɗe ita ta ba da hanya ga sauran. A 1968 aka yi yarjejeniyar hana yaɗuwar makaman nukiliya, Nijeriya na cikin ƙasashen farko da suka amince da ita. A 1993 Afirka ta Kudu ta bayyana cewa ta ƙera bam 6 a ɓoye kuma ta wargaza su. A 1996 ƙasashen Afirka suka sa hannu a Alƙahira kan yarjejeniyar Pelindaba, wadda ta haramta makamin a nahiyarmu, ta fara aiki a 2009. Makaman da suka kai wajen 70,000 a 1986 sun ragu zuwa wajen 12,000, a hannun ƙasashe 9. A 2017 ƙasashe 122 suka amince a Majalisar Ɗinkin Duniya da yarjejeniyar haramta makamin baki ɗaya, taron da wata mata 'yar ƙasar Kosta Rika, Elayne Whyte, ta shugabanta. Nijeriya ta tabbatar da amincewarta ran 6 ga Agusta 2020, daidai shekara 75 da Hiroshima. Sai dai babu ko ɗaya cikin ƙasashe 9 ɗin da ta shiga.

Kada kuma mu ɗauka an gama. Yarjejeniyar 1987 da ta kawar da makamai masu matsakaicin zango tsakanin Amurka da Rasha ta rushe a 2019. A 2023 Rasha ta dakatar da aiki da yarjejeniyar 2010 ta ƙayyade manyan makamai, ta kuma janye amincewarta da yarjejeniyar 1996 ta hana kowane irin gwaji, wadda ita Amurka dama majalisarta ba ta taɓa tabbatarwa ba. Maƙwabtan nan dai suna nan tsaye da bakin wuta a hannu, kuma yanzu sun fi biyu.

To 'yan uwa, me za mu ɗauka a nan? Brodie da Schelling sun yi wa duniya aiki, sun fahimtar da masu mulki cewa wannan yaƙi ba shi da gwani. Amma lissafinsu na manyan ƙasashe ne da miliyoyin mutane. Masuncin Japan da makiyayin Sahara da jaririn da ke shan madara ba su shiga ciki ba sai da iyaye mata suka shigar da su. Abin da ya ba waɗannan mata dama shi ne sun iya karatu da rubutu, suna bin labarin duniya, kuma da aka ce musu babu komai, sai suka nemi a auna a gani. Saboda haka in an zo labaran duniya a rediyo kika ji an ambaci nukiliya, kada ki murɗa ki ce zancen maza ne. Ki saurara, abin da ya shige miki duhu ki tambayi maigida ko yaranki 'yan makaranta. In akwai ajin yaƙi da jahilci ko Islamiyya da ake koyar da boko kusa da ke, ki nemi izini ki shiga. 'Yarki kuma in ta nuna sha'awar kimiyya ko likitanci, ki ƙarfafa mata gwiwa, don aikin haƙoran nan likita mace ce ta riƙe shi.

Allah Ya kare mu da zuriyarmu daga masifar da muka sani da wadda ba mu sani ba, Ya ba shugabannin duniya tausayin talakawansu, Ya zaunar da ƙasashenmu lafiya. Nan za mu dakata, sai Allah Ya kai mu mako mai zuwa. A gaida maigida, a shafa kan yara. Wassalamu alaikum.